Lorna Wing ko Uta Frith: littafin wa za a fara saya idan likita ya ce yaro yana da otizim?

Ranar da yayata ta dawo daga asibiti da ɗanta, yana ɗan shekara huɗu da 'yan watanni, ko hijabi ba ta cire ba ta zauna a bakin gado ta miƙo mini wata takarda. Kalma ɗaya likita ya rubuta da Turanci, ya ja mata layi a ƙasa, ya ce su koma bayan wata uku. Ta ce, "Ke ce mai karance-karance. Nemo mini littafin da zai gaya mini abin da ke damun yaron nan. Guda ɗaya tak, ba ni da kuɗin biyu." Na ce, "To Yaya, in Allah ya yarda."

Yau shekara uku ke nan. A tsakani littattafai huɗu sun shigo hannuna, biyu daga ciki na hannu ne da wata ƙawata ta aiko mini daga Ingila. Dukansu na mata biyu ne da suka yi bincikensu a Landan, suka san juna, suka kuma sauya yadda duniya ke kallon wannan lalura. Ɗaya na Lorna Wing ne, The Autistic Spectrum, na 1996. Ukun na Uta Frith ne: Autism: Explaining the Enigma na 1989 wanda ta sabunta a 2003, da Autism and Asperger Syndrome na 1991, da ɗan ƙaramin nan Autism: A Very Short Introduction na 2008. Tunda iyaye da malamai 'yan'uwana suna yawan yi mini tambayar da Yaya ta yi, bari in faɗi amsata tun daga farko. Uwa ko uban da yaron yake gabansa ya sayi na Wing. Malamin makaranta, ko nas, ko ɗalibin da ke karatun ilimin masu buƙata ta musamman, ya fara da ƙaramin na Frith. Babban na Frith na wanda tambayar "me ya sa?" ta hana shi barci ne. Na 1991 kuwa yawancinmu ba ma buƙatarsa.

Sai dai a fara gyara kalmar. A rediyo da jaridu ana cewa galahanga, amma galahanga ta zama kwandon da muke zuba komai a ciki: yaron da ya sha wuya wajen haihuwa jikinsa ya sandare, da mai lalurar Down (wadda ake haihuwar yaro da ita, take kawo jinkirin girma da koyo), da wanda sanƙarau ya taɓa wa ƙwaƙwalwa, da wanda kawai ya yi jinkirin magana. Waɗannan ba abu ɗaya ba ne, kuma littafin da zai amfani wannan ba lallai ya amfani wancan ba. Shi ya sa zan riƙa cewa otizim, yadda likitoci ke faɗa.

An haifi Lorna Wing a 1928, ta rasu a 2014. Likitar ƙwaƙwalwa ce, mijinta John Wing ma haka. A 1956 suka haifi 'yarsu Susie, kuma duk da karatun likitancin da su biyun suka yi, sai da yarinyar ta kai kimanin shekara uku kafin su san sunan abin da ke damunta. A wancan zamanin bai fi shekara goma sha wani abu ba da wani likita mai suna Leo Kanner ya fara bayanin lalurar a Amurka, a 1943, daga yara 11 da ya duba. Kuma ra'ayin da ya yi ƙarfi a lokacin shi ne laifin uwa ne, wai sanyin zuciyarta ne ya sa yaro ya rufe kansa. Bruno Bettelheim, wani masanin halayyar yara a Amurka, ya yi ta yaɗa wannan magana har cikin littafinsa na 1967. Wing ta san ƙarya ce domin ita ce uwar. A 1962 ta haɗu da wasu iyaye suka kafa ƙungiyar da yanzu ake kira National Autistic Society, ta kuma rubuta wa iyaye littafi a 1971. Susie ta rayu har 2005. Wato sa'ad da Wing ta zauna rubuta littafin 1996, ta yi shekara arba'in a matsayin uwar mai otizim. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, kuma ana jin haka a kowane shafi.

Binciken da ya ɗaga sunanta shi ne wanda suka yi da Judith Gould a unguwar Camberwell ta kudancin Landan, aka buga a 1979. Ba su tsaya neman yaran da suka yi daidai da siffar da Kanner ya zana ba. Sun bi yaran unguwar da aka san suna da wata nakasa ko matsalar koyo, suka duba su ɗaya bayan ɗaya. Kafin nan ana cewa yara huɗu zuwa biyar ne cikin 10,000 ke da otizim. Su kuwa sai suka tarar da kusan 20 cikin 10,000 masu matsala iri ɗaya a wurare uku: cuɗanya da mutane, isar da saƙo da karɓarsa, da kuma wasan kwaikwayon da yara ke yi na ƙirƙira, irin su ɗauki gwangwani a ce tukunya ce, tare da nacewa kan maimaita abu guda. Daga nan tunanin da ya ba littafin sunansa ya fito, cewa otizim kamar bakan gizo yake, launi yana narkewa cikin launi, ba tsani ba ne mai sama da ƙasa kawai.

Rabin farko na littafin bayanin wannan ne, kuma a nan ne Yaya ta fara ganin ɗanta. Wing ta kasa yaran gida-gida bisa yadda suke hulɗa. Akwai masu keɓe kansu kamar ba kowa a ɗakin. Akwai waɗanda ba sa neman kowa amma in an ja su wasa sai su bi, ba musu. Akwai masu zuwa wurin mutane da kansu, amma ta hanyar da ba a saba ba, su tare baƙo su yi ta yi masa tambaya ɗaya, ko su yi ta ba shi labarin motoci ko yana so ko ba ya so. Sai kuma, a cikin manya masu basira, waɗanda ladabinsu ya yi tsauri kamar haddace shi suka yi. Wannan rabon yana da amfani ƙwarai a wurinmu, saboda maganar da dangi suka fi yi ita ce, "Ai yana zuwa wurin mutane, yana dariya, ba shi da komai." Kakar yaron ta wajen uba ta faɗi haka ya fi a ƙirga. Da na fassara mata bayanin kashi na uku, shiru ta yi, can ta ce, "Wannan kam kamar a gidan nan aka rubuta shi."

Rabi na biyu shi ne dalilin da ya sa na ce iyaye su sayi wannan. Magana ce kan abin yi: cin abinci, barci, bayan gida, sa tufafi, ihu da birgima, gudu zuwa titi, balaga, halin da 'yan'uwan yaro ke shiga, da abin da zai faru in iyaye sun tsufa. Wing ta daɗe a kan wani abu da ban taɓa tunaninsa ba, wato yadda lokaci ke rikita waɗannan yara. "Anjima" da "gobe" da "in mun dawo" ba su da siffa, ba a ganinsu, don haka yaro yana rayuwa ne bai san me zai biyo baya ba, kuma wannan tsoron ne yake fitowa a matsayin rigima. Shawararta ita ce a mai da lokaci abin da ido zai gani.

Abin da muka yi ba shi da tsada. Na ɗauki hotuna da waya: buta, kofin kokonsa, jakar makaranta, allon Islamiyya, bokitin wanka, katifarsa. Na kai shagon kwamfuta aka buga, muka liƙa su a jere a jikin kwalin taliya, muka rataye a bayan ƙofa daidai tsayinsa. In an gama abu sai ya kife hotonsa da kansa. Yaya ce ta lura cewa kiran sallah ma agogo ne da yaron ya riga ya sani, sai ta ɗaura komai a kai: bayan la'asar wanka, bayan magariba tuwo, bayan isha'i katifa. Kukan da yake yi kullum a bakin ƙofa da safe bai ɗauke gaba ɗaya ba, amma ya ragu har ana iya sa masa takalmi ba kokawa. Haka kuma shawarar a riƙa lura da abin da ya faru dab da rigima ta tashi. Mako biyu muna rubutawa a littafin makaranta kafin mu gane cewa injin markaɗen maƙwabta ne. Da zarar an tayar da shi sai ya toshe kunne ya fara buga kai da bango. Mu mun saba da ƙarar har ba ma jinta. Yanzu Yaya takan kai shi ɗakin baya kafin a kunna.

Littafin yana da nasa rauni. Babin da ke bayanin makarantu da hukumomi da tallafin gwamnati na Ingila ne, kuma Ingilar shekarun 1990, don haka mutum ya tsallake shi kawai. Yaren littafin ma na zamaninsa ne, kusan komai ana faɗarsa ne a matsayin tawaya, abin da manya masu otizim na yau da yawa ba sa jin daɗinsa. Amma Turancinsa mai sauƙi ne, wanda ya gama sakandare da kyau zai iya bi, kuma ana iya karanta shafi a juya shi zuwa Hausa nan take ba tare da an yi ta laluben ƙamus ba. Na gwada, ya yiwu.

Uta Frith ta wata ƙofar ta shigo. Bajamushiya ce, an haife ta a 1941, ta je Landan a 1964 karatun ilimin halayyar ɗan Adam, ta yi digirinta na uku a 1968 a hannun Neil O'Connor da Beate Hermelin, waɗanda suke cikin na farko da suka fara gwada tunanin yara masu otizim a ɗakin bincike. Ita ba likita ba ce, ba ta rubuta magani, ba ta kuma zo ta koya wa kowa yadda ake sa wa yaro wando ba. Tambayarta guda ce: me ke faruwa a cikin kan yaron da ya sa waɗannan halaye uku suke zuwa tare?

Amsarta ta farko ta fito ne daga wani gwaji da suka buga a 1985 tare da ɗalibinta Simon Baron-Cohen da Alan Leslie. Ana nuna wa yaro 'yan tsana biyu, Sally mai kwando da Anne mai akwati. Sally ta sa ɗan ƙwallon gilashi a kwandonta ta fita. Tana fita sai Anne ta ɗauke ƙwallon ta ɓoye a akwatinta. Sally ta dawo. Sai a tambayi yaro: ina Sally za ta nemi ƙwallonta? Wanda ya gane cewa Sally ba ta ga abin da shi ya gani ba zai ce kwando. Cikin yara 27 masu tasowa yadda aka saba, 'yan kimanin shekara huɗu, 23 sun ce kwando. Cikin 14 masu lalurar Down, 12 sun ce kwando. Amma cikin 20 masu otizim, 16 akwati suka nuna, inda ƙwallon yake a zahiri, alhali sun girmi na farkon nesa ba kusa ba, kuma a gwajin basira sun fi masu Down. Sun tuna inda aka fara ajiye ƙwallon, sun san inda yake yanzu. Abin da ya kuɓuce musu shi ne cewa a cikin kan Sally akwai wani sani daban da nasu.

Wannan babin ne ya warware mini wani abu da ya faru a tsakar gidan Yaya tun kafin a je asibiti. Yaron yana ta wasa da ruwan da ta sha wuya ta saya wajen mai garuwa, ta hana shi sau uku bai bari ba. Cikin fushi ta ce, "To zubar da shi duka, ka ji! Zubar!" Ya dube ta, ya kama bokitin da hannu biyu, ya tuntsurar da shi har ɗigon ƙarshe. Ya sha duka a ranar, kowa yana cewa raini ne da taurin kai. Gatse ta yi masa, shi kuwa umarni ya ji, ya kuma cika shi. Hausa cike take da irin wannan magana da bakinta daban cikinta daban: gatse, habaici, zaurance, hannunka mai sanda, "Allah ya ba ka haƙuri" da ake nufin tashi ka ba ni wuri. Yaro ɗan shekara biyar yana gane su ne domin yana karanta niyyar mai magana, ba kalmomin kaɗai ba. Wanda wannan karatun yake yi wa wuya zai yi ta shan hukunci a kan laifin da bai san ya yi ba. Da na bayyana wa Yaya, ta yi kuka sosai. Ta ce, "Ashe biyayya ya yi mini na dake shi." Daga ranar aka daina yi masa gatse a gidan, ana gaya masa abin da ake so kai tsaye, "Ajiye kofin," maimakon "Haka aka koya maka?"

Amsarta ta biyu ta shafi abin da yaran suka fi mu iyawa. Tun a 1983 ita da Amitta Shah suka nuna cewa yara masu otizim sun fi takwarorinsu iya gano ƙaramar siffa da aka ɓoye a cikin babban zane. Frith ta ce yawancin mutane hankalinsu yana gaggawar haɗa gutsattsarin abu ya zama ma'ana guda, har su manta da gutsattsarin. Mai otizim kuwa wannan jan bai yi masa ƙarfi ba. Mu muna ganin aikin hula, shi yana ganin zare ɗaya da ya kauce. Ɗan Yaya yana jera murafen kwalaben lemo sama da hamsin bisa launi, in ka zare ɗaya yana barci, da ya tashi wurin zai fara zuwa. Wannan bayanin ya fi na farko daɗin ji ga iyaye, domin yana nuna baiwar da wahalar daga tushe ɗaya suke.

Babban littafin yana da daɗin karatu fiye da yadda sunansa ke nunawa. Ta kawo labarin Victor, yaron da aka tsinta a dajin Aveyron na Faransa wajen 1800, da wasu mutanen tarihi da take ganin siffofinsu sun yi kama da otizim, don ta nuna lalurar ba zamani ne ya kawo ta ba. In za a saya, a nemi bugun 2003, domin shi ne ya ƙunshi binciken hoton ƙwaƙwalwa da aka yi bayan bugun farko. Amma a sani, uwar da ɗanta bai yi barci ba jiya za ta karanta shi daga bango zuwa bango ba ta sami abin da za ta yi yau da dare ba. Akwai kuma wani gibi da ya fi wannan girma. Gwajin Sally da Anne sai yaron da ke fahimtar magana ake yi wa. Wanda ba ya magana sam, ga farfaɗiya, ga raunin koyo mai tsanani, ba ya shiga irin wannan gwaji, don haka ba a cika jin ɗuriyarsa a littafin ba. Wing kuwa daga irin waɗannan yaran ta fara, kuma su ne aka fi kaiwa asibiti a wurinmu, tunda mai magana da ƙoƙari a aji sai dai a ce masa miskili a bar shi.

Sannan ra'ayin nata ya sha suka, kuma sukar tana da ƙarfi. Ko a gwajin 1985 yara huɗu sun ci, kuma da yawa sukan ci in sun girma. A 2012 Damian Milton, masani ɗan Ingila wanda shi kansa yana da otizim, ya ce rashin fahimtar ta ɓangare biyu ce: in mai otizim yana shan wuyar karanta zuciyarmu, mu ma ai ba mu iya karanta tasa ba. A 2020 wani bincike da Catherine Crompton ta jagoranta a Jami'ar Edinburgh ya jera mutane takwas-takwas suna miƙa wa juna labari daga baki zuwa baki. Layin masu otizim zalla ya riƙe labarin daidai da layin waɗanda ba su da shi. Inda labarin ya fi zubewa shi ne layin da aka gauraya. Ni dai ina ganin gaskiyar Milton a labarin bokitin nan. Yaron bai gane gatsen uwarsa ba, mu kuma manya biyar a tsakar gida ba wanda ya gane biyayyarsa.

Ƙaramin littafin na 2008 bai kai shafi 150 ba, yana shiga aljihun jaka, kuma shi ne mafi araha a cikinsu. Ta buɗe shi da misalan yara uku masu siffofi daban-daban, ta bi ta kan dalilin da ya sa adadin masu lalurar yake ta hauhawa, da batun gado, sannan ta jera manyan ra'ayoyi biyar da masana ke bayani da su, nata da na wasu, tana faɗin inda kowanne ya gaza. Malamin da yake da yara saba'in a aji, ɗaya daga ciki yana rufe kunne in an buga ƙararrawa, wannan ya ishe shi ya daina ɗaga bulala ya fara tambaya. Na ba abokan aikina uku aro, duka sun gama shi cikin mako. Wanda ya karanta shi ya ji bai ƙoshi ba, sai ya wuce zuwa babban. Wanda ya riga ya mallaki babban ba ya buƙatarsa.

Na 1991 tarin maƙalu ne na masana, har da Wing a ciki, Frith ce ta tattara. Darajarsa ita ce fassarar da ta yi wa rubutun Hans Asperger, wani likitan yara ɗan Ostiriya, na 1944 daga Jamusanci zuwa Turanci, bayan Wing ta fito da sunansa a wata maƙala a 1981. Mai rubuta kundin digiri zai so shi. Sauran mutane su bar kuɗinsu, musamman tunda a 2013 kundin likitocin ƙwaƙwalwa na Amurka ya soke sunan Asperger a matsayin lalura mai zaman kanta ya mai da shi cikin otizim, kundin Hukumar Lafiya ta Duniya da ya fara aiki a 2022 ma ya bi sahu. A 2018 kuma masanin tarihi Herwig Czech ya fito da takardun da suka nuna Asperger ya yi aiki da gwamnatin Nazi, har ya tura yara wani asibiti a Ostiriya inda ake kashe masu nakasa.

Kowanne mutum ya zaɓa, akwai wuraren da zai gyara da alƙalaminsa saboda tsufan littattafan. Alƙaluman yawan masu lalurar sun wuce: a 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kimanin yaro ɗaya cikin 100, a Amurka kuma ƙidayar da aka fitar a 2023 ta ce ɗaya cikin 36, yawanci saboda an faɗaɗa ma'anar an kuma ƙara iya ganewa. Batun rigakafi ma haka. Littafin Wing ya riga maƙalar Andrew Wakefield ta 1998 da ta ɗora wa allurar ƙyanda laifin kawo otizim, kuma dukansu sun riga 2010, shekarar da mujallar Lancet ta janye maƙalar aka kuma ƙwace lasisinsa na likita. Wani bincike a Denmark da ya bi yara sama da 650,000, aka buga a 2019, bai sami wata alaƙa ba. Ina nanata wannan ne domin a ƙasarmu ƙyanda tana kashe yara, kuma na ji da kunnena ana cewa allura ce ta mai da ɗan Yaya haka. Abin da bincike ya fi tabbatarwa shi ne gado, tun daga nazarin tagwaye 21 da Susan Folstein da Michael Rutter suka yi a 1977. Ba fitar da uwa ta yi da tsakar rana tana da ciki ba ce, ba kuma rashin tarbiyya ba. Addu'a kam kullum muna yi, ba ta hana zuwa asibiti. Abin da nake roƙo a bari shi ne ɗaure yaro da turnuƙe shi da hayaƙi da dukansa da sunan fitar da aljani.

Akwai kuma abin da matan nan biyu ba su sani ba domin ba a cikinmu suka zauna ba. Littattafan suna ɗaukar rashin kallon ido a matsayin alama, mu kuwa yaron da ya ƙura wa babba ido shi ne marar kunya. Don haka kar a tsaya a kan wannan. A duba ko yana waiwayowa in an kira sunansa, ko yana nuna abu da yatsa don kawai ke ma ki gani, ko yana kawo miki abin da ya tsinta ya nuna miki, ko yana goya 'yar tsana ko tuƙa kwali a matsayin mota. 'Ya'ya mata su ne abin ya fi ɓoyewa a kansu. Yarinyar da ba ta shiga cikin ƙawaye, ba ta magana sai an tambaye ta, yabonta ake yi ana cewa mai kunya ce, mai kawaici, har ta girma ba wanda ya lura tana shan wahala. A ɗaya gefen, muna da abin da iyayen Landan ba su da shi. Gidan Yaya akwai kaka, akwai 'yan'uwa shida, akwai yaran maƙwabta masu shiga da fita. In an koya musu abu uku kacal, a yi masa magana gajeriya, a jira shi ya amsa, kar a tsokane shi don a ga ya yi ihu, sun zama malaman da ba a biya.

In kuma ba a tabbatar otizim ba ne, kar a sayi ko ɗaya tukuna. A fara gwada jin yaron, domin sanƙarau da ƙyanda da shawarar jarirai suna kurmantar da yara da yawa a yankinmu, kuma kurma ma ba ya waiwayowa in an kira shi. Daga nan a nemi likitan yara ko na ƙwaƙwalwa a asibitin koyarwa, ko a asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya irin na Kaduna da Kware da Maiduguri. Idan abin ya zama sandarewar gaɓoɓi ne, ko lalurar Down, ko farfaɗiya da jinkirin koyo, littafin da ya fi dacewa shi ne Disabled Village Children na David Werner, wanda aka fara bugawa a 1987 daga aikin da suka yi a wani ƙauye a Meziko. Ba littafin otizim ba ne, amma cike yake da zane-zanen yadda ake haɗa kujerar zama da sandar koyon tafiya da kayan wasa daga katako da tsohuwar taya, kuma masu buga shi, Hesperian, sun sa shi a intanet. Ga wanda ko kuɗin littafi ɗaya ba shi da shi, Hukumar Lafiya ta Duniya tana da horo na kyauta ga masu rainon yara 'yan shekara 2 zuwa 9 da ke da jinkirin girma, ko an san sunan lalurar ko ba a sani ba. An gwada shi a ƙasashe irin su Habasha da Kenya, kuma tun 2022 ana iya bin darussansa ta waya. Shi muke bi yanzu ni da Yaya, darasi ɗaya duk ranar Asabar bayan la'asar, ina karantawa ina fassara mata.